Zumar Sukari Mai Ƙamshin Mefil: Yadda Za Ki Haɗa Ta a Gida da Hulba da Mazarƙwaila

Duk wadda ta taɓa shan hulba kwana uku a jere ta san abin da ke biyo baya. Ƙamshin nan mai zaƙi-zaƙi sai ya kama gumi, ya kama tufafi, har ɗakin kwana ya ɗauka. Mu a nan mun fi saninsa a jikin mai jego ko wadda ke neman ta murmure. Abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne, kusan wannan ƙamshin ne mutanen Amurka da Kanada ke kwarara wa fankek ɗinsu da safe, suna kiransa mefil. A 2005 mazauna birnin New York suka riƙa jin ƙamshin zumar mefil yana yawo a iska, jama'a suka yi ta kiran hukuma don tsoron kada guba ce. Sai a 2009 magajin garin, Michael Bloomberg, ya fito ya ce an gano tushen abin: wata masana'anta ce a jihar New Jersey, tsallaken kogi, take sarrafa 'ya'yan hulba. Hulbar nan dai da ake auna miki a gwangwani wajen masu kayan ƙamshi.

Wannan shi ya sa nake ganin bai kamata uwargida ta kwashi kuɗin cefanen mako ta sayi kwalbar zumar mefil ɗaya a babban kanti ba, alhali sirrin abin yana cikin kicin ɗinta. Amma bari mu fara da faɗin gaskiya game da abin da za mu dafa, don kada a yi zaton zumar mefil ta asali ce.

Mefil bishiya ce ta ƙasashen sanyi, ganyenta ne a tsakiyar tutar Kanada tun 1965. A ƙarshen hunturu, wajen watan Fabrairu zuwa Afrilu, lokacin da dare ke daskarewa rana kuma ta ɗan sake, ake huda jikin bishiyar a tari ruwan da ke ɗigowa. Ruwan nan fari ne tas, zaƙinsa kaɗan, sukarin da ke ciki wajen kashi 2 cikin 100 ne kawai. Sai an tafasa wajen lita 40 kafin a samu lita 1 ta zuma. 'Yan asalin Arewacin Amurka ne suka fara wannan sana'a tun kafin Turawa su sa ƙafa a ƙasar, yau kuma lardin Kebek na Kanada shi kaɗai ke fitar da wajen kashi 70 cikin 100 na abin da duniya ke sha. Darajarta ta kai a yi mata rumbun ajiya, har tsakanin 2011 da 2012 ɓarayi suka kwashe ta wajen dalar Kanada miliyan 18 daga rumbun. Bishiyar ba ta yi a ƙasarmu, zafinmu ba zai bar ta ba. Saboda haka in kin ga ta asali a Kano ko Yamai, ta sha jirgi kafin ta iso, kuɗinta kuma zai gaya miki haka.

Yawancin kwalaben da ake sayarwa da sunan zumar fankek kuwa ko ɗigon mefil babu a cikinsu. Ruwan sukarin masara ne aka sa masa kala da filebo. Dokar Amurka da ta Kanada ta hana a rubuta musu sunan zumar mefil kai tsaye, mutanen Kebek ma zumar falwaya suke ce musu, wai daga jikin falwaya aka tatso. Irin wannan ta kwaikwayon ce za mu yi, sai dai tamu ta gida ta fi ta kanti a wurina, don kin san duk abin da ya shiga tukunyarki.

Abin da za ki tanada

Farin sukari kofi 1, wato giram 200. Mazarƙwaila ita ma giram 200, in an gurza ta za ta kai kofi 1 a danne. Hulba tsaba, ba gari ba, cokalin cin abinci 1 a shafe. Ruwa kofi 1 da rabi. Ruwan lemun tsami rabin cokalin shayi. Gishiri ɗan abin da yatsu biyu za su ɗauka. Filebon banila rabin cokalin shayi in kina da shi. Kofin da nake nufi mai ɗaukar mililita 240 ne, amma in ba ki da irinsa ki ɗauki kowane kofi ki auna komai da shi, abin da ake so dai sukari ya ninka ruwan da zai rage sau biyu. Wannan awon zai ba ki kusan rabin lita.

Sai tukunya mai kaurin gindi, wadda cikinta fari ne don ki riƙa ganin launin sukari yana sauyawa. Ta kasance ta fi abin da za ki dafa girma sau uku, domin ruwan sukari yana tasowa kamar madara. Sai busasshen kasko, da rariya, da farin ƙyalle mai tsabta, da kwalbar gilashi mai murfi.

Na zaɓi mazarƙwaila ne da gangan. Turawa jan sukari suke sawa, wanda ba komai ba ne illa farin sukari da ragowar baƙin ruwan rake a jikinsa. Mazarƙwailarmu, wadda ake dafawa daga ruwan rake a yankuna irin su Makarfi, ba a cire mata wannan ruwan ba tun farko, don haka ta fi jan sukarin kanti zurfin ɗanɗano. Ki zaɓi mai launin ƙasa-ƙasa mai haske, ki gutsura ki ɗanɗana a gaban mai sayarwa. Wadda ta yi baƙi ƙirin sau da yawa ta ƙone a wajen dahuwa, za ta sa miki ɗaci. Wadda ta jiƙe tana warin tsami kuma ki bar masa kayansa. In ba ki samu mazarƙwaila ba, jan sukari zai yi, kofi 1 a danne. In shi ma babu, ki yi da farin sukari kofi 2, sai dai ki ƙara yawan wanda za ki ƙona a matakin da ke tafe.

Hulba: a nan aikin yake

A cikin hulba akwai wani sinadari da masana ke kira sotolon. Halinsa abin mamaki ne: in ya yi yawa warin kori yake yi, irin na miyar Indiyawa, in ya zama ɗan kaɗan sai ya koma ƙamshin mefil da ƙonannen sukari. Ki riƙe wannan, don shi ne dalilin da ya sa na ce cokali ɗaya a shafe. Hannunki zai so ya ƙara, musamman da yake mun saba zuba hulba da yawa in za mu sha. Kada ki biye masa. Hulba tana da ɗaci, tana kuma da yauƙi, duka biyun ba ma son su a nan. Ƙamshin kawai muke so mu ɗebo mu bar sauran.

Ki fara da tsince ta, don akan samu tsakuwa da ƙaiƙayi. Ki ɗauraye da sauri, ki baza a ƙyalle ta bushe sarai. In kin sa ta a kasko da danshi, dahuwa za ta yi maimakon gasuwa.

Ki ɗora busasshen kasko a kan wuta ƙasa-ƙasa, ba mai ba ruwa, ki zuba hulbar kina juyawa ba tsayawa. Cikin minti 2 zuwa 3 za ki ga ta tashi daga ruwan ɗorawa ta koma launin gyaɗar da aka soya sama-sama, ƙamshi kuma zai daki hancinki. Nan take ki juye ta a faranti, kada ki bar ta a kaskon ko da kin kashe wuta, zafin ƙarfen zai ci gaba da cinta. Karon farko da na gwada na tsaya amsa sallama, kafin in dawo ta yi duhu, na ce ai ba komai na ci gaba. Zumar ta fito da kyau a ido, amma ɗacinta ya hana kowa a gidan ya ƙara cokali na biyu, sukari kofi biyu ya tafi a banza. Hulba ba tsada gare ta ba. In ta ƙone ki zubar ki sake gasa wata.

Kada ki daka ta, kada ki niƙa. Da zarar tsabar ta fashe yauƙinta zai fito kamar na kuɓewa, zumar ta yi gurɓi-gurɓi, ɗacin kuma ya ninka. Wannan ne ma dalilin da ya sa garin hulba bai dace da wannan aikin ba.

Ki tafasa ruwan nan kofi 1 da rabi, ki sauke, ki zuba gasasshiyar hulbar ki rufe. Ki bar ta minti 20. Ruwan zai koma kamar shayi marar kauri. Ki tace da rariya ba tare da kin matse tsabar ba, sannan ki ɗanɗana. Ɗan ɗaci a bayan harshe ba laifi, sukari zai rufe shi, har ma shi ke hana zumar ta zama zaƙi zalla mai gundura. In kuwa ɗacin ya sa kin yamutsa fuska, ki zubar da rabin ruwan ki cike da ruwan zafi. In kuma ƙamshin bai fito yadda kike so ba, ki mayar da hulbar ta ƙara minti 10. Hulba ba ɗaya ba ce, sabuwa ta fi wadda ta daɗe a kasuwa ƙarfi, don haka harshenki ne zai yanke hukunci. Tsabar da kika tace kada ki zubar, za ta ƙara yin shayi.

Yanzu ki gurza mazarƙwailar ko ki farfasa ta ƙanana, ki zuba a cikin ruwan hulbar tun yana da zafi, ki juya har ta narke. In ta ƙi, ki ɗan ɗora a wuta. Sai ki tace da ƙyalle, ba rariya kaɗai ba. Za ki yi mamakin abin da zai rage a ƙyallen: yashi, ɓawon rake, wani lokacin har toka. Ki ajiye wannan ruwan kusa da murhu, da zafinsa, don yanzu za ki buƙace shi.

Ƙona sukari

Zumar mefil ta asali tana samun launinta da rabin ɗanɗanonta ne daga doguwar dahuwar da ta sha a kan wuta. Mu ba za mu yi awoyi muna tafasa ba, za mu ɗauki gajeriyar hanya, mu ƙona wani ɓangare na farin sukarin.

Kafin ki fara, ki fitar da yara daga kicin, ki sauke goyo in kina da shi. Sukari yana fara narkewa ya yi ja ne a wajen digiri 160, ya fi tafasasshen ruwa zafi nesa ba kusa ba, kuma in ya ɗiga a fata mannewa yake yi ya ci gaba da ci. In tsautsayi ya faɗa, ki sa wurin a ƙarƙashin ruwa mai sanyi na minti 20. Ban da man goge baki, ban da manja, ban da ɗanyen ƙwai. In ƙunar tana da faɗi ko a jikin yaro ce, a tafi asibiti.

Ki ɗebi rabin farin sukarin, wato rabin kofi, ki baza shi a gindin busasshiyar tukunya, ki ɗora a matsakaiciyar wuta. Na ɗan lokaci ba abin da zai faru, kada wannan ya sa ki ƙara wuta. Can za ki ga gefe-gefe ya fara narkewa. Kada ki sa cokali tukuna, ki kama hannun tukunyar ki riƙa karkata ta a hankali, narkakken ya riƙa cin wanda bai narke ba. Zai fara da launin man gyaɗa, ya koma na zuma, ya koma na shayin da ya ji ganye. A nan za ki tsaya. Tsakanin wannan launin da baƙi mai hayaƙi daƙiƙa kaɗan ne, gaggawa ba ta da amfani a farko, jinkiri kuma ba shi da amfani a ƙarshe. Mai girki da gawayi ta rage garwashin tun kafin ta ɗora, ta kuma tanadi inda za ta dire tukunyar da sauri, tunda ita ba ta da abin murɗawa.

Ki sauke tukunyar daga wuta. Ki ja da fuskarki baya, ki zuba ruwan hulba da mazarƙwailar kaɗan-kaɗan, ludayi ɗaya da farko. Zai yi ƙara, ya yi tsartuwa, tururi ya tashi. Sukarin zai dunƙule ya yi tauri kamar alewa, ki ga kamar aikin ya lalace. Bai lalace ba. Ki ƙarasa zuba ruwan, ki zuba ragowar farin sukarin da gishirin, ki mayar kan wuta ƙasa-ƙasa kina juyawa har komai ya narke. Amfanin zuba ruwan da zafinsa shi ne tsartuwar ta ragu, dunƙulewar ma ba ta yin tsanani.

In warin ƙauri ya tashi tun kafin ki zuba ruwa, sukarin ya wuce. Ki bar shi ya huce, ki cika tukunyar da ruwa ki tafasa, zai narke ya fita da kansa ba sai kin kankare ba. Ki sake da sabon rabin kofi. Ruwan hulbarki dai yana nan lafiya.

Dahuwar ƙarshe, da yadda za ki hana ta komawa sukari

Duk wadda ta taɓa dafa ruwan sukarin alkaki ko na dubulan ta san baƙin cikin nan: ki sauke abu sumul, washegari ki tarar ya yi tsakuwa-tsakuwa a gindin kwano. Ta kuma san maganin da iyayenmu ke yi, wato su sa lemun tsami ko ruwan tsamiya. Hikimar ita ce, tsami da zafi suna raba ƙwayar sukari gida biyu, ta koma irin sukarin da ke cikin zuma da 'ya'yan itace, wanda ba ya saurin daskarewa. Don haka da zarar komai ya narke, ki zuba rabin cokalin shayin nan na lemun tsami. Kada ki wuce haka, in ya yi yawa zai danne ƙamshin hulbar. Wadda ke da zuma mai kyau za ta iya ƙara cokali 1 a ƙarshe, ita ma tana taimakawa, sai dai kada a bai wa jaririn da bai cika shekara ba abin da aka sa wa zuma.

Abu na biyu shi ne ƙwayoyin sukarin da ke maƙalewa a jikin tukunya daga sama. Ƙwaya ɗaya in ta faɗa cikin zumar bayan ta huce, ita za ta zama iri, sauran su taru a jikinta. Da ya fara tafasa ki rufe tukunyar na minti 2, tururin zai wanke gefen. Ki tsaya a wurin don kada ya taso ya zube. Sannan ki buɗe, ki ajiye cokalin da kika yi juyi da shi, daga nan ba sauran juyawa. Kumfar da ta taru a sama, wadda mazarƙwaila ke kawowa, ki kwashe ta da wani cokali mai tsabta.

Ki bar shi yana tafasa a hankali, ba ɓararraka ba. Minti 8 zuwa 12 yakan isa, gwargwadon faɗin tukunyarki da ƙarfin wutarki. Abin da ake nema shi ne sukari ya zama wajen kashi 66 cikin 100, daidai da ma'aunin zumar mefil ta asali. Ƙasa da haka ta tsinke kuma za ta yi saurin lalacewa, sama da haka sosai za ta koma sukari ko da kin sa lemun tsami.

Mai ma'aunin zafi na girki aikinta ya yi sauƙi, amma akwai abin lura. Littattafan girki suna cewa digiri 104, wannan kuwa lissafin bakin teku ne, inda ruwa ke tafasa a 100. In ƙasa ta yi tudu ruwa yana tafasa tun bai kai haka ba: a Kano wajen 98 ne, a Jos da ke kan tsauni wajen 96. Saboda haka ki fara auna tafasasshen ruwa a gidanki, ki ƙara 4 a kan abin da kika gani. Mutuniyar Jos da ta jira sai 104 za ta sauke abin da zai daskare mata a kwalba.

Yawancinmu ba mu da wannan ma'aunin, kuma ba dole ba ne. Ki ajiye farantin tangaran a wuri mai sanyi, ko a firji, ko a kan randa. Ki ɗiga zumar kaɗan a kai, ki jira minti 1, ki karkata farantin. In ta gudu kamar ruwa, da saura. In ta gangaro a hankali tana barin sawu a bayanta, ta yi. In ta tsaya cak ko ta yi zare tsakanin yatsunki, ta wuce, ki ƙara ruwan zafi cokali 2 ki bari ta sake tafasa sau ɗaya. Kuskuren da aka fi yi shi ne a duba kaurinta a cikin tukunya. Da zafinta dole ta yi kama da ruwa, sai ta huce kaurin ke bayyana. Kuma ki sani zumar mefil ba ta kai zumar ƙudan zuma kauri ba, abu ne da ake so ya ratsa cikin fankek ya jiƙa shi, ba ya zauna a sama ba.

Ki sauke, ki bar ta minti 5, sannan ki zuba banila. Ƙamshin filebo yana bin tururi ya gudu in aka sa shi a kan wuta. Ki duba rubutun jikin kwalbar kafin ki saya, domin da yawa daga cikin filebo na ruwa da barasa ake jiƙa su. Akwai waɗanda ba su da ita, akwai kuma na gari, ki tambayi masu kayan kek.

Kada ki yanke mata hukunci a ranar. Da zafinta hulbar ce za ta fi fitowa, har ki ce ai wannan shayin mai jego ne aka sa wa sukari. Ki bar ta ta kwana. Washegari hulbar ta lafa, ƙonannen sukarin da mazarƙwailar sun taso, sun haɗu sun zama abu ɗaya.

In kin samu filebon mefil na kwalba

Wasu shagunan kayan kek a manyan birane suna kawo shi. Da shi aikin gajere ne: ki bar hulbar gaba ɗaya, ki yi amfani da ruwa kofi 1 da kwata, ki bi sauran matakan yadda suke, bayan kin sauke ki ɗiga rabin cokalin shayi. Ki ɗanɗana kafin ki ƙara, don yana da ƙarfi, in ya yi yawa sai ya koma kamar maganin tari. Ni dai na fi son ta hulba, ƙamshinta ya fi zama a baki, amma ranar da baƙi suka yi miki ba-zata wannan ce mafita.

Me za a ci da ita

Fankek ɗin da muka saba yi a nan, siriri mai albasa da attaruhu, ba abokin tafiyarta ba ne. Wanda aka yi ta dominsa shi ne mai kauri mai laushi irin na Amurka. Fulawa kofi 1, bekin hoda cokalin shayi 2, sukari cokali 1, gishiri kaɗan, ƙwai 1, madara kashi uku cikin huɗu na kofi, mai ko narkakken bota cokali 2. Ki haɗa busassun daban, masu ruwan daban, ki gauraya su sama-sama. Ƙananan gudaji ba matsala, yawan bugu ne ke sa shi tauri. Ki shafa wa kasko mai kaɗan, ki zuba ludayi ɗaya, in ƙananan ramuka suka fito a sama ki juya sau ɗaya. Ki ɗan ɗumama zumar kafin ki zuba, mai sanyi tana kashe zafin fankek.

Amma ni inda na fi jin daɗinta a kan waina ne. Ɗan tsamin nan na ƙullun shinkafa da ya kwana yana karɓar ƙamshin hulba fiye da yadda fulawa ke yi, ramukan wainar kuma suna shanye ta. Haka sinasir, haka funkaso, haka fankenmu na gida da zafinsa. Tana shiga kunun gyaɗa da kindirmo a madadin sukari. Mai ciwon sukari dai ya sani wannan sukari ne tsantsa, hulbar da ke ciki ba ta mayar da ita magani ba. Wanda gyaɗa ke tayar wa da borin jini shi ma ya yi hattara, don hulba danginta ce, takan yi wa wasunsu irin abin da gyaɗa ke yi.

Ajiya

Ki wanke kwalbar gilashi da murfinta, ki tafasa su a ruwa minti 10, ki kife su bushe da kansu. Ki zuba zumar da sauran zafinta a kwalbar ita ma da ɗuminta, don gilashi mai sanyi yakan tsage in abu mai zafi ya shige shi. Ki rufe nan take. Robar lemo ko ta ruwa ba ta yi ba sai in zumar ta huce sarai, ko a haka ma gilashi ya fi.

A firji za ta yi wata ɗaya lafiya. Inda wuta ba ta zama, ki raba awon nan biyu ki yi wadda za ta ƙare cikin mako ɗaya zuwa kwana 10, musamman da damina lokacin da danshi ke sa komai funfuna. Ki riƙa tsiyayowa daga bakin kwalba maimakon tsoma cokali, in kuma dole ne to busasshe mai tsabta. Ki goge bakin kwalbar bayan kowane amfani, ki tsayar da ita a cikin faranti mai ɗan ruwa, kiyashi ba sa tsallake shi.

In kin ga funfuna a sama, ko ta fara kumfa da kanta tana warin tsami, ki zubar da ita duka, kada ki kwashe saman ki ci ƙasan. In kuwa tsakuwar sukari ce kawai ta kwanta a gindi, wannan ba lalacewa ba ce. Ki juye a tukunya, ki ƙara ruwa cokali 2 da ɗigo 3 ko 4 na lemun tsami, ki ɗumama har ta narke ta tafasa sau ɗaya, ki wanke kwalbar tas kafin ki mayar, don ƙwaya ɗaya da ta rage a ciki za ta sake tara wasu. Wadda ɗacin hulba ya yi mata yawa ita ma tana gyaruwa: ki dafa farin sukari kofi 1 da ruwa rabin kofi da ɗigon lemun tsami, ki haɗa su su tafasa tare minti 1, ki raba a kwalba biyu.